Na'urar Jijjiga Mai Ratsa Duniyoyi: Daɗi a Fim, Haɗari a Kasuwa

Idan kana kallon fina-finan jarumai na Amurka, ko kana karanta ƙagaggun labaran kimiyya, ka san wannan na'urar ko da ba ka riƙe sunanta ba. Wani lokaci akwati ce mai walƙiya, wani lokaci zobe, wani lokaci doguwar hasumiya. Aikinta dai ɗaya ne: a murɗa wani maɓalli, ta fara jijjiga, iska ta yage kamar tsohon zane, jarumi ya taka ya faɗa wata duniya. Idan wani a cikin fim ɗin ya tambayi yadda aka yi, sai masanin cikinsu ya gyara tabarau ya ce ai kowace duniya da irin kaɗawarta, na'urar saita su kawai take yi.

Wannan bayanin na daƙiƙa goma shi za mu baje a faifai yau. Kada ka ɗauka ƙyashin masu fim muke yi, mu ma muna kallo. Abin da ya dame mu shi ne kalmomi ukun da bayanin ya jingina a kansu, wato jijjiga da firikwensi da daimenshan, aro aka yi su daga ilimin fiziks, kuma a gidansu na asali kowace tana da ma'ana da ma'auni. Sannan na'urar ba ta tsaya a allon talabijin ba. Kusan shekara 150 ke nan ana haɗa ta da katako da waya ana sayar wa mutane, kuma jikokinta suna nan a garuruwanmu wai suna duba lafiyar jama'a.

Inda dabarar ta yi suna

A watan Satumba na 1961 kamfanin DC ya buga fitowa ta 123 ta mujallar zane-zanen The Flash, wadda Gardner Fox ya rubuta, Carmine Infantino ya zana. A ciki jarumi Barry Allen ya jijjiga jikinsa da tsananin sauri, sai ya tsinci kansa a wata duniya mai kama da tasa, inda ya haɗu da tsohon Flash, Jay Garrick. Dalilin da labarin ya bayar shi ne duniyoyin biyu wuri ɗaya suke zaune, saurin kaɗawarsu ne ya bambanta, shi ya sa ba sa ganin juna. A 1985 jerin Crisis on Infinite Earths ya ƙara wa miyar gishiri, aka kawo manyan hasumiyoyi masu aiki da kaɗawar duniyoyi. Shi ma ƙarfen vibranium na Wakanda, wanda ka gani a Black Panther na 2018 yana shanye duk wata jijjiga, ɗan wannan gidan ne.

A ba Fox haƙƙinsa, dabarar ta yi. Duk wanda ya taɓa murɗa akwatin rediyo zai gane ta nan take. A ɗakin da kake zaune yanzu tashoshi da yawa suna ratsa iska a lokaci ɗaya, amma wadda ka kamo kaɗai kake ji. To me zai hana duniyoyi su zama haka? Kwatancen yana shiga kai ba wahala, kuma sauƙin shigar nan shi ne tarkon.

Mene ne yake jijjigar?

Jijjiga kai-komo ne da abu yake yi a kusa da mazauninsa. Dubi kalangu. Makaɗi ya bugi fata, fatar ta yi ta kai-komo, ta tura iskar da ke kusa da ita, iskar ta isar wa kunnenka. Idan ya matse igiyoyin a hammata, fatar ta ɗame, kai-komon ya ƙara sauri, murya ta yi sama. Yawan kai-komon da abu yake yi a daƙiƙa ɗaya shi ake kira firikwensi, kuma ana auna shi da Hertz, sunan Bajamushen da ya fara nuna igiyoyin rediyo a ɗakin gwaji a ƙarshen shekarun 1880.

Ga misalai. Wutar lantarkin Najeriya da Nijar tana kai-komo sau 50 a daƙiƙa. Kunnen matashi mai lafiya yana jin sauti daga Hertz 20 zuwa 20,000. Ƙanƙanin dutsen kwaz da ke cikin agogon hannu mai batir yana kaɗawa sau 32,768 a daƙiƙa. Tashoshin FM suna tsakanin Hertz miliyan 88 da miliyan 108. Ita kanta daƙiƙar, tun 1967 ana fassara ta da kaɗawa 9,192,631,770 na hasken da ke da alaƙa da atam ɗin siziyam.

Ka lura, a kowane misali mun faɗi abin da yake kaɗawa, mun kuma faɗi adadi. Yanzu koma wurin masanin fim ka tambaye shi: da ka ce duniya tana da kaɗawarta, me kake nufi? Ƙasa ce, ko iska, ko atam? Jikinka kaɗai ma ba shi da firikwensi ɗaya. Zuciyarka tana bugawa sau 60 zuwa 100 a minti. Maƙogwaron namiji yana kaɗawa wajen sau 100 da 'yan kai a daƙiƙa idan yana magana, na mace wajen sau 200. Atam-atam ɗin da ke cikin ƙwayar ruwa suna kai-komo fiye da sau tiriliyan 40 a daƙiƙa. Wanda ya ce maka ga firikwensin jikin mutum, tamkar ya ce maka Kasuwar Kurmi farashi ɗaya gare ta.

Kwatancen rediyon ma a nan yake karyewa. Igiyoyin rediyo suna ratsa juna su wuce don haka ɗabi'ar igiya take, kamar yadda za ka jefa duwatsu biyu a tafki, zoben ruwan kowanne ya ratsa na ɗayan. Jiki kuwa ba haka yake ba. Tafin hannunka ba ya ratsa tebur saboda ilektron ɗin hannunka da na teburin ba sa yarda su cushe a yanayi ɗaya, kuma girgiza hannun ba ta soke wannan dokar. Hasali ma, idan atam-atam ɗin jiki suka ƙara ƙarfin kaɗawa, abin da ake samu muna da sunansa tun kaka da kakanni: zafi. Da Barry Allen zai yi abin da labarin ya ce, gasuwa zai yi kafin ya ga Jay Garrick.

Wannan ba ya nufin jijjiga ba ta da ƙarfi. Idan kana tura yaro a lilo daidai lokacin da lilon yake dawowa, ƙaramin turi yana taruwa ya zama babban shillo. Wannan shi ne rezonans, wato abu ya amsa kiɗan da ya dace da shi. Gadar Millennium ta Landan an buɗe ta ranar 10 ga Yuni 2000, aka rufe ta bayan kwana biyu saboda takun masu tafiya ya sa tana rangaji, sai a 2002 aka sake buɗewa bayan an sa mata na'urorin shanye motsi. A asibiti, hoton cikin mai juna biyu da sauti ake ɗaukarsa, mai kaɗawa sau miliyoyi a daƙiƙa. Na'urar MRI mai ƙarfin tesla 1.5 tana magana da haidurojin ɗin jikinka a kan Hertz kusan miliyan 64. Tun 1980, a birnin Munich na Jamus, aka fara fasa tsakuwar ƙoda da igiyar sauti mai ƙarfi ba tare da an yanka mutum ba. Kowace a cikinsu tana da adadi, tana da iyaka, kuma akwai abin da ba ta iya gani.

Daimenshan hanya ce, ba gari ba ce

Kalma ta uku ita aka fi zalunta. A fim, daimenshan wani gari ne da ake zuwa, da mutanensa da sarkinsa. A lissafi kuwa, daimenshan fuska ce da za ka iya matsawa ta cikinta. Idan za ka yi wa birkila kwatancen ɗaki, lamba uku za ka ba shi: tsawo, faɗi, da tsayi. Gaba da baya, dama da hagu, sama da ƙasa. Shi ke nan, uku. Idan aka haɗa da lokaci, kamar yadda ake yi a ka'idar Einstein, sun zama huɗu. Don haka wanda ya ce zai tafi daimenshan na biyar, kamar ya ce maka zai yi hijira ya koma "faɗi" da zama ne.

To akwai wasu fuskokin bayan waɗannan? Tambaya ce ta gaske, kuma manyan masana sun yi ta. Theodor Kaluza a 1921 ya gwada ƙara fuska ta biyar a lissafin Einstein, Oskar Klein kuma a 1926 ya ce idan tana nan, to a naɗe take, ƙanƙanuwa ƙwarai. Kwatanta da igiyar shanya. Daga nesa layi ne kawai, gaba da baya. Tururuwar da ke kanta kuwa tana iya zagaye kaurinta. Fuska ta biyu tana nan, amma ba wani gari a cikinta, zagaye ɗaya ka dawo inda ka tashi.

Daga nan ne ka'idar tsirkiya ta ɗora. Tana cewa ƙananan ƙwayoyin da aka gina komai da su wasu 'yan mitsi-mitsin zare ne masu kaɗawa, kuma yadda zaren ya kaɗa shi ke sa ya zama wannan ƙwayar ko waccan, kamar yadda tsirkiyar goge ɗaya take ba da muryoyi daban-daban. Lissafinta yana buƙatar daimenshan 10, a wani fasalin da Edward Witten ya gabatar a 1995 kuma 11. Ka ga inda masu talla suke samun ƙafar tsayawa: ga kaɗawa, ga daimenshan, ga sunayen manya.

Abin da ba sa faɗa maka shi ne har yau babu gwajin da ya tabbatar da ka'idar. Babbar na'urar karo da ƙwayoyi ta cibiyar CERN, mai kewayen kilomita 27 a ƙarƙashin iyakar Faransa da Suwizalan, ta nemi alamar ƙarin daimenshan ba ta samu ba. Masu bincike a Jami'ar Washington sun auna ƙarfin janyowa, wato girabiti, har zuwa tazarar da ba ta kai kaurin gashin kai ba, suka tarar yana bin dokar duniya mai fuska uku. Ranar 17 ga Agusta 2017 an kamo girgizar sararin samaniya da kuma haske daga karon wasu taurari biyu masu nisan shekarar haske kusan miliyan 130. Da girabiti yana yoyo zuwa wasu manyan fuskoki, da girgizar ta iso da rauni fiye da lissafi. Ba ta yi hakan ba.

Sai batun ƙarfi. A fiziks, gwargwadon ƙanƙantar abin da kake son taɓawa, gwargwadon makamashin da za ka zuba. A lissafin da aka fi yi, taɓa zaren tsirkiya kai tsaye yana buƙatar ƙarfin da ya ninka na na'urar CERN da lamba 1 mai sifili wajen 15 a gabanta. Ita ma na'urar LIGO ta Amurka, wadda ta fara jin girgizar sararin samaniya ranar 14 ga Satumba 2015, kowane hannunta tsawon kilomita 4 ne, kuma saurare kawai take yi, ba ta juya komai. To ka faɗa mana, akwatin da ake caji da wayar USB ina shi ina wannan aiki?

Daga takarda zuwa aljihun mutane

Da a labari abin ya tsaya, da mun yi dariya mun wuce. Amma na'urar ta girmi Flash, kuma a kasuwa aka haife ta.

A farkon shekarun 1870 wani mutumin Philadelphia mai suna John Keely ya ce ya gano hanyar fitar da ƙarfi marar iyaka ta hanyar jijjiga. Yakan kaɗa wani ƙarfe mai amo, injinsa ya tashi. Ya yi alkawarin ruwan da bai wuce lita ɗaya ba zai ja jirgin ƙasa ya ratsa Amurka. Attajirai suka zuba kuɗi fiye da shekara 20, kullum ana cewa saura ƙiris. Bayan mutuwarsa a 1898 aka bincike ɗakin gwajinsa, aka tarar da wata ƙatuwar ƙwallon ƙarfe a ƙarƙashin ginin da siraran bututu a ɓoye, irin kayan da ake tura matsattsiyar iska da su.

Sai Albert Abrams, likita a San Francisco, wanda ya ce kowace cuta tana da kaɗawarta, na'urarsa za ta gano ta daga ɗigon jini, wata na'urar kuma ta kashe cutar da irin kaɗawar. Haya yake ba da ta maganin, da sharaɗin kada a buɗe ta. Cinikin biri a sama ke nan. An taɓa aika wa wani mai amfani da tsarinsa jinin zakara, sakamako ya dawo wai majinyacin yana da zazzaɓin cizon sauro da ciwon sukari da kansa da tunjere. Mujallar Scientific American ta kafa kwamiti ya yi bincike daga 1923 zuwa 1924, ya ce babu komai a ciki.

Labarin da ya fi tona asiri shi ne na Thomas Galen Hieronymus, wanda ya sami rajistar mallakar wata irin wannan na'urar a Amurka a 1949. John W. Campbell, editan mujallar ƙagaggun labarai ta Astounding Science Fiction, ya ce ya gwada, ya ga ko zanen na'urar aka yi a takarda da tawada yana aiki daidai da ta gasken. Shi a wurinsa wannan shaidar wani ɓoyayyen ƙarfi ne. Mu kuwa abin da muka karanta a ciki daban ne: idan zane da na'ura sakamakonsu ɗaya, to na'urar ce ba ta yin komai.

Kada ka ce wannan tsohon zance ne. Wani Baturen Ingila, James McCormick, ya sayar wa ƙasashe da dama, musamman Iraƙi, wata sanda mai suna ADE 651, wai tana gano bam daga nesa idan an sa mata katin da aka saita da firikwensin abin fashewa. Ba ta da ko batir. Da BBC ta sa aka buɗe katin a 2010, abin da aka samu shi ne irin tambarin da kantuna suke maƙala wa kaya don hana sata. A 2013 kotu a Landan ta ɗaure shi shekara 10. Duk da haka an ci gaba da riƙe sandar a shingayen binciken Bagadaza, sai bayan harin unguwar Karrada na watan Yuli 2016, wanda ya kashe fiye da mutum 300, Firaminista Haider al-Abadi ya ba da umarnin a janye ta.

Yanzu dawo gida. Wataƙila ka taɓa gani a wani shago, ko wurin taron tallar maganin ƙarin kuzari: ƙaramar akwati haɗe da kwamfuta, a ba ka wani ƙarfe ka riƙe na minti ɗaya, sai ga shafuka sun fito da bayanin hantarka da ƙodarka da ƙashinka da bitamin ɗin da ka rasa. A jikin akwatin za ka ga kalmomin kwantum da rezonans da maganaɗisu. Abrams ne ya dawo da sabuwar riga. Kuma galibi wanda ya gano cutar shi ne mai sayar da maganin, a tebur ɗaya. Asarar kuɗin ita ce ƙarama. Babbar ita ce mai hawan jinin da aka ce masa lafiyarsa ƙalau ya ajiye ƙwayoyinsa, da matar da ta ji ƙulli a mama ta yi wata shida tana shan garin magani kafin ta je asibiti.

Tambayoyi huɗu da za ka riƙe

Ba sai kana da digiri a fiziks ba. Duk wanda ya kawo maka na'urar jijjiga, yi masa waɗannan:

Ta ɗaya, mene ne takamaimai yake kaɗawa, kuma sau nawa a daƙiƙa? Idan amsar ita ce "kuzarin jiki" ba adadi, an gama magana.

Ta biyu, wace hanya ce daban za ta tabbatar da sakamakon? Idan akwatin ya ce sukarinka ya hau, ɗigon jini a ƙaramar na'urar awon sukari ta kemis zai gaskata ko ya ƙaryata cikin minti ɗaya.

Ta uku, tana maimaita kanta? A auna ka yanzu, a sake bayan minti goma, amma a shigar da wani suna da wasu shekarun haihuwa. Ko a naɗe ƙarfen da jiƙaƙƙen tsumma maimakon hannu, a ga ko tsumman ma yana da ciwon hanta. Gani ya kori ji.

Ta huɗu, mene ne ba ta iya yi? Mai ɗaukar hoton ciki na gaske zai faɗa maka sauti ba ya ratsa ƙashi da iska sosai, don haka akwai wuraren da ba ya gani. Na'urar da ta san komai, daga kansa har zuwa damuwa, ba ta san komai ba.

Hukuncinmu a kan ta cikin labari

Saura na'urar fim ɗin kanta. A ganinmu, ko a ma'aunin ƙirƙira tana da rauni, domin abin da zai iya komai yana kashe zullumin labari. Idan jarumi ya mutu, a ɗauko wani daga duniya ta biyu. Idan gari ya ƙone, a murɗa maɓalli. Mai kallo ya daina jin tsoro, don ya san babu asarar da ba za a mayar ba. Labaran da suka fi zama a rai su ne waɗanda sihirinsu yake da sharaɗi da farashi, inda ƙetare doka ɗaya yake jawo wa jarumi nadama.

Tatsuniyoyinmu sun fi gaskiya a wannan fannin. Layar zana ba ta taɓa cewa da kwantum take aiki ba. Mai tatsuniya idan ta gama takan ce ƙurunƙus, ta ɗora ƙaryar a kan Gizo, yara su tashi sun san wasa aka yi. Laifin na'urar jijjiga shi ne sihiri ce da ta saka farar rigar ɗakin gwaji, ta koya wa miliyoyin masu kallo cewa jera kalmomin firikwensi da daimenshan daidai yake da bayani. Kunnen da ya saba da hakan a fim, shi ne wanda ba ya jin baƙon abu idan mai talla ya maimaita masa a kasuwa.

Saboda haka ka ci gaba da kallon Flash, ka ji daɗin Wakanda, ba wanda ya hana ka. Amma ranar da wani ya ɗora akwati a tebur ya miƙo maka ƙarfe ya ce riƙe, tambaye shi sau nawa a daƙiƙa. Idan ya fara kame-kame, tashi ka nufi asibiti da kuɗinka a aljihu.